Tayin kuɗina ya ƙi buɗuwa a gaban komisiyon: kotu ko haƙuri?

Ɗan Kwangila Garwa: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Shawara nake nema, musamman daga Metir, lauyanmu, da iyayenmu da suka daɗe a harkar. Wata meri, wato hukumar magajin gari, a nan yankin Arewa na Kamaru ta fitar da tayin gina ajujuwa biyu na firamare, kuɗin BIP (kasafin ayyukan gwamnati), DAO ɗin (kundin sharuɗɗan tayin) kuma ya ce ta intanet kaɗai za a miƙa. Mun ɗora komai a COLEPS, dandalin gwamnati na miƙa tayi, da sauran lokaci, rasit ya fito da rana da awa. Kle ɗin ajiya ma, wato USB mai ɗauke da kwafin tayin, mun kai cikin ambulan a liƙe, aka buga mana hatimi. Ranar Alhamis aka yi buɗi. Ina zaune ina kallon allo, dosiyen takardu ya buɗu, na fasaha ya buɗu, da aka zo kan na kuɗi sai shafi ya fito fari fat. Shugaban komisiyon ɗin buɗe tayi ya danna, ya sake dannawa, sai ya juya ya ce da sakatare ya rubuta ba ya karantuwa. Na miƙe na ce ranka ya daɗe ga kle can a kan tebur. Ya ce kle na ranar da dandali ya lalace ne, yau kuwa lafiyarsa ƙalau tunda na kowa ya buɗu. Kawuna, mai kamfanin, ya ce in bari. Ni kuwa raina tiribinal, wato kotu, yake so. Yau Asabar ban runtsa da kyau ba.

Baba Mai Siminti: Wa alaikumus salam. Ɗana, kawunka ya fi ka sanin gari. Ina wannan sana'a tun kafin a kafa ARMP, hukumar sa ido kan kwangilolin gwamnati, a 2001. Wanda ya kai meri ƙara ba a ce masa komai, gaisuwa ma sai ta ƙaru, amma dekont ɗinsa, takardar neman biya, na wani aikin zai kwana a durowa har ya manta kalarsa. Aji biyu ne fa. Allah ya kawo wani.

Hajiya Mai Tebura Ngaundere: Baba, da girmanka, amma wannan "Allah ya kawo wani" ita ta kai mu inda muke. Yaron nan ya sayi DAO, ya biya banki kuɗin kosiyon (lamunin tayi), ya yi zaryar takardun haraji da na CNPS (asusun fanshon ma'aikata), ya sayi satifiket ɗin sa hannun lantarki na hukumar ANTIC. Duk wannan ba kuɗi ba ne? A ce na'ura ta yi tari shi kenan ya nannaɗe tabarma?

Baba Mai Siminti: Hajiya, ke tebura kike kai wa makarantu, in an ɓata sai ki sayar wa masu zaman kansu. Shi gini wa zai sayar wa?

Metir Marwa: Ƙanena, ajiye maganar tiribinal tukuna, agogo na cin ka. Dokar marshe, wato kwangilolin gwamnati, ta 20 ga Yuni 2018 ta ba wanda bai yarda da yadda aka yi buɗi ba kwana uku na aiki ya rubuta ƙorafi. An buɗe Alhamis, ke nan Juma'a ta tafi, saura Litinin da Talata. Takardar za ta je ga kwamitin duba ƙorafe-ƙorafe da ke zaune a ARMP, ka ba magajin gari kwafi, ka ba shugaban komisiyon, ka ba ARMP da ma'aikatar marshe. Kowane kwafi a buga maka hatimin karɓa a kan naka. Idan aka fitar da sakamako kuma ba ka gamsu ba, akwai wasu kwana biyar na aiki daga ranar da aka wallafa, kuma a wannan matakin ARMP na iya dakatar da tafiyar marshen in ta ga dalili. Waɗannan ƴan kwanakin sun fi duk abin da zan iya yi maka a gaban alƙali bayan wata shida.

Kada ka cika takardar da fushi. Rubuta abin da ya faru, awa nawa, wa ya ce me, ka manna rasit ɗin dandali da shaidar ajiye kle. Abu guda za ka roƙa: a gano inda fayil ɗin ya lalace kafin a yanke cewa laifinka ne.

Ɗan Kwangila Garwa: Na gode Metir. To in na rubuta musu, ƙofar kotu ta rufe ke nan?

Metir Marwa: A'a. Kwamitin ba kotu ba ne, hanya ce ta cikin gida. Kotu na nan, sai dai ita ma da nata layin, zan zo kai.

Tsohon Sakatare: Bari in yi magana a madadin waɗanda ake zagi ba sa nan. Na yi shekaru ina riƙe da alƙalamin wata komisiyon kafin in yi ritaya. Kuna ganin kamar buɗe kle abu ne mai sauƙi. Abin da ke cikin dandali a kulle yake, ba mai iya taɓa shi kafin awar buɗi. Kle kuwa a durowar ofis ya kwana. Ambulan ana iya sake liƙe shi, hatimi kuma a hannun mutane yake. Ku ɗauka shugaban ya buɗe kle ɗin, farashin yaron nan ya fito ƙasa da na kowa da jaka hamsin. Me sauran ƴan kwangila za su ce? Za su ce an karanta nasu, sannan aka zaro nasa daga aljihu. Su ma kwana uku gare su na ƙorafi. Shugaban ya zaɓi abin da zai iya karewa da rubutun DAO, kuma DAO da na sani yana ambaton kle ne a kan matsalar dandali.

Hajiya Mai Tebura Ngaundere: To Malam, in ba za a buɗe ba don me ake tilasta mana kawowa? Har a jerin abubuwan da ke fitar da mutum ana sa rashin kle ɗin. Ranar da ya kamata ya yi amfani sai a ce ba ranarsa ba ce.

Tsohon Sakatare: Hajiya, tambayarki daidai ce, amma ba sakatare ya rubuta DAO ba.

Injiniya Yawunde: Iyayena ku ba ni dama, nan fagena ne. Fayil da ya ƙi buɗuwa wuri uku yake iya lalacewa. Ko dai tun a kwamfutar mai shi, ko a hanya lokacin ɗorawa, ko a kwamfutar komisiyon lokacin da ake cire masa kulle. Na farkon shi na fi gani. DAO yana ƙayyade mega 5 ga dosiyen takardu, mega 15 ga na fasaha, mega 5 ga na kuɗi, rubutu PDF, hoto JPEG. Mutum zai je siba ya yi sikanin shafi arba'in da kala, ya fito mega talatin, sai yaron siba ya jefa shi cikin wani shafin matse fayil na kyauta, ya matse, ya sake matsewa, ba wanda ya buɗe ya duba abin da ya fito. Ana ɗorawa rasit zai fito, domin rasit shaidar isowa ce da lokacinta, ba ya cewa abin da ke ciki lafiyayye ne.

Amma sauran biyun ma suna faruwa. Rezo ya yanke ana tsakar ɗorawa, ko kwamfutar da aka kawo zauren buɗi tsohuwa ce, manhajar karanta PDF ɗinta ta kwana biyu. Shugaban komisiyon da ya ce tunda na kowa ya buɗu dandali lafiya yake, bai tabbatar da komai ba. Abin da zai raba gardama shi ne rajistar da dandalin ke ajiyewa da kansa: girman fayil da ya shigo, daƙiƙar da ya shigo, ko ya shigo cikakke. Ɗan kwangila ba ya ganin wannan. Komisiyon ɗin meri ma ba ta gani. Tana wajen masu kula da dandalin a ma'aikatar marshe.

Ɗan Kwangila Garwa: Injiniya, ni da hannuna na buɗe fayil ɗin kafin in ɗora, har na fitar da shi a takarda. Yana nan a laftof ɗina yana buɗuwa.

Injiniya Yawunde: Madalla. To daga yanzu kada ka sake adana shi, kada ka canza masa suna, kada ka kwafe wani a kansa. Kana danna adanawa kwanan watansa zai koma na yau, sai a ce bayan buɗi ka gyara. Kashe laftof ɗin ka ajiye.

Metir Marwa: Ka ji abin da Injiniya ya ce. Ƙari a kai, Litinin da safe ka ɗauki laftof ɗin zuwa wajen wisiye, jami'in shari'a mai rubuta shaidar abin da ya gani, ya yi maka konsta: ya buɗe da kansa, ya rubuta sunan fayil, girmansa, ranar da aka adana shi, da abin da ke ciki. Hoton allo da ka ɗauka da waya kowa na iya musantawa. Abin da wisiye ya gani da idonsa ya sa hannu yana da nauyi dabam.

Yanzu maganar kotu. Rikici da meri a kan bayar da marshe ba na kotun da kuka saba ba ne, na kotun ƙararrakin hukuma ne, tiribinal administiratif. Da can duk ƙasar nan sai Yawunde, a Kotun Ƙoli. Dokar 29 ga Disamba 2006 ta tsara a kafa su a yankuna, aka kafa su a 2012, shi ya sa yau akwai a Garwa, akwai a Marwa, akwai a Ngaundere. Wannan ci gaba ne na gaske, ba na raina shi.

Sai dai ba a shiga kai tsaye. Dole ka fara rubuta wa hukumar da ta yanke shawarar kana neman ta janye, abin da muke kira rekur girasiye. Wata uku gare ka ka rubuta. In ta ƙi a rubuce, to. In ta yi shiru, sai shirun ya cika wata uku kafin doka ta ɗauke shi a matsayin ƙi. Daga nan kana da kwana 60 ka shigar da ƙara. Sannan a fara musayar takardu tsakanin lauyoyi. Wanda ya tsallake wannan mataki, ko ya aika wa ofishin da ba shi ne ba, alƙali ba zai ma leƙa cikin maganarsa ba, komai gaskiyarsa. Kuma ni ba na yarda in jingina da ƙorafin ARMP a ce ya wadatar, ina rubuta rekur ɗin dabam.

Ku haɗa lissafin da kanku. A yawancin DAO da ke biyowa ta hannuna, wa'adin gina aji biyu wata uku ne. Kafin shirun magajin gari ya cika, wanda aka ba aikin ya kai linta, watakila ya buga kwano.

Baba Mai Siminti: To ai ka ji. Lauya ma ya faɗa da bakinsa.

Metir Marwa: Baba, ban gama ba, Allah ya ƙara maka lafiya. Akwai ƙofofin gaggawa biyu. Ɗaya sursi, wato ka roƙi shugaban kotu ya dakatar da aiwatar da shawarar, amma sai ka nuna ɓarnar da za ta same ka ba mai gyaruwa ba ce, kuma lauyan meri zai miƙe ya ce asarar riba ai kuɗi ne, kuɗi kuwa ana biya. Ta biyu refere, inda shugaban kotu ke iya ba da umarnin gaggawa ba tare da ya taɓa asalin shari'ar ba. A irin wannan rikici ita ta fi ba ni sha'awa. Ba cewa zan yi a ba wanda nake karewa marshe ba. Zan ce a naɗa masani ya duba rajistar dandali, a kuma killace kle ɗin nan kafin ya yi ƙafa.

Ku sani kuma alƙalin nan ba ya zaɓen ɗan kwangila. Abin da yake dubawa shi ne ko an bi doka da DAO, ko an yi wa kowa mu'amala iri ɗaya, ko dalilin da aka fitar da mutum yana da tushe. In PV, wato rahoton zaman buɗi, ya ce "ba ya karantuwa" kawai, ba a nemi masu dandali ba, ba a gwada wata kwamfuta ba, to akwai abin kamawa. Ita kanta shaidar lantarki ba abin tsoro ba ce, dokar 21 ga Disamba 2010 ta amince da sa hannun lantarki mai satifiket kamar na alƙalami. Matsalar ba karɓar shaidar ba ce. Matsalar ita ce shaidar na hannun ɓangaren gwamnati, kai kuma kake da nauyin nuna an zalunce ka.

Hajiya Mai Tebura Ngaundere: Wannan ita ce maganar. Zamanin takarda in an yage shafi a dosiyenka kana da kwafi shida da suka rage. Yanzu sai a ce na'ura ta ce, kai kuma ba ka jin yaren na'ura.

Tsohon Sakatare: Hajiya kada ki yi wa zamanin takarda ado. Na ga ranar da aka rufe ƙofar ofis saura minti goma, mutum na tsaye da katon ɗinsa a ka yana buga ƙofa, aka ce agogon ciki ne agogo. Na ga rajistar karɓa da aka bar layi a buɗe don wani da zai zo da yamma. Yau awar dandali ita ce awa, tana rubuce a shafin kowa na gani. Ɗan Kusiri ma ba sai ya kwana a mota ba don ya ajiye ambulan. Wannan ko maƙiyin kwamfuta ya yarda.

Ɗan Kusiri: Ban da kle, Malam. Shi har yanzu sai an kai da ƙafa.

Ɗan Yola: Ku bari maƙwabci ya sa baki. Mu a Najeriya dokar 2007 ta ce ka fara kai kuka wajen shugaban ma'aikatar cikin kwana 15 na aiki, in ba ka gamsu ba ka wuce BPP, hukumar sa ido kan kwangilolin gwamnatin tarayya, in nan ma bai yi ba kana da kwana 30 ka je Babbar Kotun Tarayya. A takarda tsaf. A aikace mu ma mutane tsoron Baba suke ji. Kwana uku naku dai ya yi kaɗan wallahi.

Metir Marwa: Ya yi kaɗan, musamman ga wanda sai ya nemi masanin kwamfuta kafin ya gane me ya same shi. Amma ni ba gajartar kwanakin ta fi damuna ba. A Faransa, inda muka kwaso yawancin tsarin nan, akwai ƙarar gaggawa ta kafin sa hannu. Da zarar ɗan kwangila ya shigar, hukuma ba ta da ikon sa hannu a kwangilar har sai alƙali ya yi magana, shi kuma kwana 20 aka ba shi. Alƙali na shigowa ne tun siminti na shago. Mu a nan an sa miƙa tayi ya koma na daƙiƙa, an bar hanyar kotu da watanninta na 2006. In da za a tambaye ni gyara ɗaya, wannan zan ce. Na biyu, duk wanda aka fitar saboda dalilin na'ura a ba shi abin da rajista ta rubuta a kan fayil ɗinsa ba sai ya roƙa ba.

Baba Mai Siminti: A Faransa ba a ɗauke wuta ana tsakar aiki. Mu nan ruwan Lagdo na ja baya a watan Afrilu kowa ya san sauran labarin. Ku fara gyara wannan.

Injiniya Yawunde: Baba, wannan kam ba uzuri ba ne a wajen komisiyon. Wutar unguwarku ko rezon wayarka matsalarka ce, ba ta dandali ba. Shi ya sa nake roƙon iyayenmu ku daina jiran ranar ƙarshe. Ku ɗora da dare kwana biyu kafin wa'adi.

Ɗan Kwangila Garwa: Metir, tambaya ta ƙarshe don kawuna zai yi min ita. In mun bi duk wannan muka ci a kotu bayan an gama ginin, me za mu samu?

Metir Marwa: Ba za a rushe aji a sake ba ka ba. Diyya za ka nema, ita kuma sai ka nuna ba fitar da kai kawai aka yi ba bisa ƙa'ida ba, har da cewa da an bar ka kana da babbar damar ci. Nan ne konstan wisiye zai yi aiki, don zai nuna farashinka, a kwatanta da waɗanda aka karanta a zaure. In farashinka na huɗu ne a cikin biyar, ko ka ci shari'a abin da za ka samu ba zai taka kara ya karya ba. Kuma in faɗa maka gaskiya ko da ta hana ni aiki: aikin da bai kai miliyan 50 ba, letir komand ne, wato ƙaramar kwangila, ribarsa sau da yawa ba ta ɗaukar shari'ar da za ta iya kaiwa har Kotun Ƙoli a Yawunde. Ƙorafin kwana uku kuwa kusan takarda da tambur ne kawai. Shi ka yi ba fashi. Kotu a bari sai mun ga PV da farashin sauran.

Hajiya Mai Tebura Ngaundere: Ni ban yarda a auna da ribar aji biyu kaɗai ba. In ba wanda ya taɓa kai irin wannan gaban alƙali, yaushe za a samu hukuncin da zai ce ga lokacin da dole a buɗe kle? Kowace komisiyon za ta ci gaba da fassara yadda ta ga dama. Mu yi karo-karo a zauren nan mu biya Metir. Ni na sa jaka ɗari.

Baba Mai Siminti: Kuɗin naki ne Hajiya, amma sunan da zai hau takardar na kamfanin kawunsa ne. Ranar da aka fara juya masa baya a ofisoshi ba za ki zo Garwa ki raka shi ba.

Hajiya Mai Tebura Ngaundere: Zan zo, Baba. Garwa ba Makka ba ce.

Metir Marwa: Baba ya faɗi gaskiya a kan sunan. Wanda ya shiga tayin aka fitar da shi shi ke da bakin ƙara, zaure ba zai shigar a madadinsa ba. Don haka a bar shi da kawunsa su yanke, kada mu tura shi da zugar waya.

Tsohon Sakatare: Ɗana, abu ɗaya daga wanda ya zauna a wancan gefen tebur. Litinin kafin ka je ko'ina, ka nemi kwafin PV na buɗi a rubuce, haƙƙinka ne. Ka duba ko an rubuta cewa ka miƙe ka nemi a buɗe kle, da kuma ko an rubuta cewa ambulan ɗin na nan a liƙe. In ba a rubuta ba, ka sa a cikin ƙorafinka da sunayen kamfanonin da wakilansu ke zaune lokacin. In an ce maka sakatare ya yi tafiya, kada ka yi faɗa da masinja, ajiye takardarka a ofishin karɓar wasiƙu a buga maka hatimi da kwanan wata.

Ɗan Kusiri: Metir, mu na nan Kusiri in irin haka ta same mu da merinmu, Garwa za mu ko ina?

Metir Marwa: Marwa. Ka zo da hatimin rekur girasiye ɗinka a hannu, shi za a fara tambayarka a girefi, ofishin rajistar kotu.